Gatari ya riga alƙali: tarihin raina kotu a dazuzzukan Indiya

Alƙali ba shi da soja, ba shi da katafila, ba ya kuma riƙe da makullin baitulmali. Abin da ya mallaka takarda ce da sa hannu, sai tsammanin cewa wanda aka ba umurni zai bi. Idan aka ƙi bi, makami ɗaya ya rage masa, wato hukuncin raina kotu, wanda ke ba shi ikon cin tarar mai taurin kai ko tura shi gidan kaso. A yawancin rigingimu wannan makami yakan wadatar, domin kuɗin da aka ci ana iya amayar da su, gonar da aka ƙwace ana iya mayar wa mai ita. Sha'anin daji ya sha bamban. Itacen da ya shekara 100 yana girma, cikin minti 10 ake kayar da shi, kuma babu hatimin da zai sake tsayar da shi.

Ƙasashe kaɗan ne suka gwada ƙarfin wannan makami kamar Indiya, inda Kotun Ƙoli ta shafe shekaru wajen 30 tana riƙe da ragamar dazuzzuka da hannunta. Tarihin wannan gwagwarmaya ya ƙunshi minista da ya kwana a kurkuku, da unguwar attajirai da aka rushe, da dubban talakawa da suka wayi gari a fili cikin ruwan sama, da kuma hukumar gwamnati da ta sare daji sannan ta je neman izini. Wanda ya jera waɗannan shari'o'i ya dube su tare, zai ga cewa nauyin bulalar kotu yakan sauya gwargwadon bayan da za ta sauka a kai.

Gadon Turawan mulki

Killace daji da sunan gwamnati ya samo tushe a Indiya daga buƙatar katako. A tsakiyar ƙarni na 19 Turawan Ingila suna shimfiɗa layin dogo a faɗin ƙasar, kuma kowane kilomita yana cin ɗaruruwan gungumen da ake jerawa ƙarƙashin ƙarfe. Da suka ga itatuwa masu ƙwari sun fara ƙaranci, sai a 1864 suka naɗa wani masanin tsirrai ɗan ƙasar Jamus, Dietrich Brandis, shugaban ma'aikatar gandun daji. Dokar farko ta fito a 1865, ta biyu a 1878, ita ce ta raba dazuzzuka gida uku: killatattu, masu kariya, da na ƙauye. Dokar 1927 ta tattara waɗannan ƙa'idoji wuri ɗaya, har yanzu kuma ana aiki da ita. Da alƙalami ɗaya mutanen da kakanninsu suka rayu a daji suka zama baƙi a cikinsa, masu neman izini kafin su yi kiwo ko su ɗebi itacen girki.

Bayan samun ƴancin kai a 1947, gwamnatocin jahohi suka gaji dazuzzukan, suka kuma yi ta yanka su domin noma, madatsun ruwa, ma'adinai da masana'antu. Ɓarnar ta yi yawa har a 1976 aka gyara kundin tsarin mulki, aka ba gwamnatin tarayya hannu a sha'anin daji, aka kuma rubuta cewa kare muhalli nauyi ne a kan hukuma da ɗan ƙasa baki ɗaya. A 1980 aka kafa dokar adana dazuzzuka, wadda ta hana kowace jaha mayar da daji wani abu dabam sai da amincewar tarayya. Sai dai dokar ta bar ƙofa a buɗe, domin ba ta faɗi abin da ake nufi da «daji» ba. Jahohi suka fake da wannan, suna cewa abin da ba a rubuta a rajista da sunan daji ba, ko da itatuwansa sun rufe rana, fili ne kamar kowane fili.

Ƙarar da ba ta ƙarewa

A 1995 wani dattijo mai suna T. N. Godavarman Thirumulpad, ɗan gidan sarautar Nilambur a jahar Kerala, ya shigar da ƙara a Kotun Ƙoli. Abin da ya dame shi shi ne saran itatuwa a yankin Gudalur, cikin tsaunukan Nilgiri, ƙasar da a dā take hannun danginsa kafin gwamnati ta karɓe ta. Ƙara ce ta yanki guda, amma ranar 12 ga Disamba 1996 alƙalai J. S. Verma da B. N. Kirpal suka ba da umurnin da ya game ƙasar duka. Suka ce kalmar «daji» za a fahimce ta yadda ƙamus ya fassara ta, ko na wane ne filin, ko da wane suna aka rubuta shi. Suka dakatar da duk wani aikin da ba na gandun daji ba da ake yi a irin waɗannan wurare ba da izinin tarayya ba, har da injinan tsaga katako da ramukan haƙar ma'adinai.

Kotun ba ta rufe fayil ɗin ba. Ta bar shi a buɗe, tana ta ba da umurni bayan umurni, a 2002 kuma ta kafa kwamiti na musamman da zai riƙa zuwa wuraren yana kawo mata rahoto. Godavarman ya rasu a 2016, ƙarar da ke ɗauke da sunansa ba ta mutu ba. Wannan tsari ya sauya matsayin mai shiga daji ya yi gini. A dā ya karya doka ne, hukuncinsa yana hannun ma'aikacin gandun daji da ƙaramar kotu. Daga 1996 ya zama mai saɓa wa umurnin Kotun Ƙoli kai tsaye. Aya ta 129 ta kundin tsarin mulki ta ba wannan kotu ikon hukunta wanda ya raina ta, dokar 1971 kuma ta bambanta iri biyu: ƙin bin umurni da gangan, da kuma abin da ya fi shi muni, wato yi wa shari'a zagon ƙasa ko zubar da mutuncinta. Iyakar hukuncin da dokar ta ambata ɗaurin wata 6 ne, ko tarar rupi dubu 2, ko duka biyun. Tara ce da mai gina gidan bene zai biya daga kuɗin aljihu. Abin tsoron shi ne ɗaurin, da kunyar da ke biye da shi.

Minista a gidan kaso

Shekara 10 bayan umurnin farko, kotun ta nuna cewa ɗaurin ba barazanar baki ba ce. A 1997 da 2002 ta ba da umurnin rufe masana'antun sarrafa katako marasa lasisi, ta kuma hana buɗe sababbi sai da yardar kwamitinta. Duk da haka a 2004 gwamnatin jahar Maharashtra ta bar masana'antu 6 suka ci gaba da aiki. Da aka binciko takardun, sai aka tarar da sa hannun mutum biyu: Swarup Singh Naik, ministan gandun daji na jahar a lokacin, da Ashok Khot, babban sakataren ma'aikatar. Kotun ta kuma gano cewa an yi wa takardun ofis kwaskwarima daga baya domin a rufe sawu.

Su biyun suka nemi gafara. Kotun ta ƙi karɓa, bisa hujjar cewa tuban da aka jinkirta har sai da aka ga wuƙa a wuya dabarar tsira ce kawai. Ranar 10 ga Mayu 2006 ta yanke wa kowannensu ɗaurin wata 1. Naik yana riƙe da wata kujerar minista a lokacin, dole ya ajiye ta. Wata ɗaya ba wani dogon zama ba ne, amma labarin ya ratsa ofisoshin gwamnati daga wannan iyaka zuwa waccan, domin ba a saba ganin mai tuta a mota ya shiga hannun gandiroba saboda itace ba. Da dama sun ɗauka an buɗe sabon babi. Shekarun da suka biyo baya sun nuna cewa irin wannan hukunci bai yawaita ba.

Unguwa biyu a kan dutse ɗaya

Duwatsun Aravalli suna cikin tsofaffin tsaunukan duniya. Sun miƙe kilomita wajen 700 daga jahar Gujarat, suka ratsa Rajasthan da Haryana, suka ƙare a cikin birnin Delhi. Su ne katangar da ke tsakanin hamadar Thar da filayen noma na arewacin Indiya, kuma ta tsagoginsu ne ruwan sama ke sauka ya cika rijiyoyin yankin. Mutumin Tawa ko na Tanut ba ya buƙatar a yi masa dogon bayani kan amfanin abin da ke tare rairayi. Matsalar Aravalli ita ce maƙwabtaka da babban birni: dutsenta ya zama tsakuwar gini, tudunta kuma ya zama fili mai tsada. A 2009 Kotun Ƙoli ta dakatar da haƙar dutse a gundumomin Faridabad, Gurgaon da Mewat. Gine-gine kuwa ba su tsaya ba.

A 1984 gwamnatin Haryana ta ba wani kamfani, R. Kant & Co., izinin kafa dandalin shirya finafinai a kan hekta 170 da ƴan kai a ƙauyen Anangpur, kusa da Faridabad. Maimakon dandali, sai unguwar masu hali ta tsiro, mai suna Kant Enclave. Ranar 18 ga Agusta 1992 gwamnatin jahar ta sanya filin ƙarƙashin wata tsohuwar dokar kare ƙasa daga zaizaya, ta shekarar 1900, wadda ta hana sara da gini. Kamfanin ya ci gaba da sayar da filaye, ma'aikatar tsara birane tana sa masa hannu, ma'aikatar gandun daji ta gwamnatin nan guda tana cewa haramun ne. Sai ranar 11 ga Satumba 2018, shekara 26 bayan sanarwar, alƙalai Madan Lokur da Deepak Gupta suka yanke cewa wurin daji ne, duk abin da aka gina bayan 1992 a rushe shi. Sun ambaci tafkin Badkhal da ke kusa, wanda a dā mutanen Delhi ke zuwa shaƙatawa a bakinsa, ya ƙafe ƙurmus. Amma sun tausaya wa masu gidajen, waɗanda yawansu bai wuce 30 da ƴan kai ba: kowane zai karɓi rupi miliyan 5 na ginin da ya yi asara, rabi daga kamfanin, rabi daga ma'aikatar tsara birane, waɗanda suka sayi fili kuma a mayar musu da kuɗinsu da ruwan kashi 18 cikin 100 a shekara. An ci kamfanin rupi miliyan 50 domin farfaɗo da dajin. Wa'adin tashi, da aka sa ƙarshen 2018, an ƙara shi zuwa cikin 2019.

Martanin ƴan siyasa bai jima ba. A ƙarshen Fabrairu 2019 majalisar dokokin Haryana ta gyara dokar 1900 ta yadda za ta halatta yawancin gine-ginen da aka yi, har da na shekarun baya. Ranar 1 ga Maris kotun ta hana aiki da gyaran, ta gargaɗi jahar cewa yin doka domin a kewaye hukunci shi ma raina kotu ne. Gargaɗin ya yi aiki, ba a kuma ɗaure kowa ba.

Ƴan kilomita kaɗan daga Kant Enclave akwai wata unguwa, Khori Gaon, a kan iyakar Haryana da Delhi. Mazaunanta leburori ne, masu gadi, direbobi da masu aikatau, da yawansu ƴaƴan waɗanda suka zo fasa dutse ne tun ramukan suna aiki. Sun sayi ƴan filayensu daga hannun dillalai da takardun da ba su da daraja a gaban shari'a, suka gina ɗaki ɗaya ko biyu da guminsu, jami'ai suna kallo shekara da shekaru. Rigimarsu ita ma ta daɗe a kotuna. Ranar 7 ga Yuni 2021 Kotun Ƙoli ta umurci hukumar birnin Faridabad ta share wurin, gidaje wajen dubu 10, cikin mako 6, ta kuma ce a kawo mata rahoton cikawa da sa hannun manyan jami'ai. A wannan karo babu jami'in da ya yi kasadar jan ƙafa. Katafila ta shiga a watan Yuli, damina ta sauka, annobar korona ba ta gushe ba. Masanan kare haƙƙin ɗan Adam na Majalisar Ɗinkin Duniya sun roƙi a dakata, suna cewa mutane wajen dubu 100 abin zai shafa. Ba a dakata ba. Ba a kuma yanka wa kowa diyyar gini ba. An yi alkawarin ba da ɗakuna a wasu unguwanni ga wanda ya cika sharuɗɗa, sharuɗɗan kuwa sun zubar da mafi yawa.

Alƙalan sun faɗa a lokacin cewa umurnin ya hau kan kowa, har da gidajen shaƙatawa na attajirai da zaurukan biki da suka cika tudun. A watan Yuli 2022 suka sake jaddada haka a wani hukunci. Ƙidayar da aka yi daga baya ta gano gine-gine sama da dubu 6 a ƙauyuka huɗu na yankin. Rusau mai ƙarfi bai kai kan waɗannan ba sai tsakiyar 2025. Mai lauya yana da ɗaukaka ƙara, da neman bita, da roƙon ƙarin wa'adi. Wanda ba shi da lauya kuwa kwanakin da aka rubuta su ne kwanakinsa.

Idan mai dokar barci ya ɓuge da gyangyaɗi

Ƙarshen Aravalli da ya shiga cikin Delhi ana kiransa Ridge, daji ne mai hekta wajen dubu 7 da 700 a tsakiyar birnin da iskarsa ke cikin mafi ƙazanta a duniya. An ayyana niyyar killace shi a 1994, a 1996 kuma Kotun Ƙoli ta ba da umurnin kare shi, ta yadda ba a taɓa itacensa sai da izininta. A farkon 2024 hukumar raya birnin Delhi, DDA, ta so faɗaɗa wata hanya da ke zuwa sabon asibitin dakarun tsaro a kudancin dajin. Ta shigar da takardar neman izini a tsakiyar Fabrairu. Ba ta jira amsa ba, ranar 16 ga watan aka fara sara. Ranar 4 ga Maris alƙalai suka zauna, suka saurari roƙon, suka ƙi amincewa, ba wanda ya faɗa musu cewa itatuwan da suke ƙoƙarin ceta, sama da 1100, sun riga sun zama gungume.

Da asiri ya tonu, aka buɗe shari'ar raina kotu a kan mataimakin shugaban hukumar. Shi kansa wakilin gwamnatin tarayya a Delhi na lokacin, V. K. Saxena, wanda shi ne shugaban DDA kuma ya ziyarci wurin kwanaki kaɗan kafin saran, sai da ya rubuta takardar rantsuwa yana cewa ba a sanar da shi ana buƙatar izinin kotu ba. Ranar 28 ga Mayu 2025 alƙalai Surya Kant da N. Kotiswar Singh suka yanke hukunci. Sun tabbatar an raina kotu, sun kuma ce ɓoye mata gaskiya ya kai matsayin zagon ƙasa ga shari'a. Amma sun duba cewa hanyar ta asibiti ce, kuma aikin gama ya gama. Suka ci kowane jami'in da aka samu da hannu rupi dubu 25, kimanin jika 170 na kuɗin sefa, tare da takardar gargaɗi. Suka umurci a dasa sabon daji a kan hekta wajen 75 ƙarƙashin kulawar masana, a kuma karɓi wani haraji sau ɗaya daga masu manyan gidajen da hanyar za ta amfana. Babu wanda ya kwana a kurkuku.

Abin da shari'o'in suka nuna

Ba za a ce makamin ya tashi a banza ba. Ba don tsoron Kotun Ƙoli ba, da gyaran dokar Haryana na 2019 ya wuce, da kuma abin da ya rage na Aravalli kusa da Delhi ya fi haka ƙanƙanta. Sai dai raina kotu hukunci ne da ke zuwa bayan aiki, ihu ne bayan hari. Mai gini ya san da haka, shi ya sa dabararsa ba ta sauya ba tun 1992: a yi sauri a sare, a zuba siminti, a sayar wa mutanen da ba su san komai ba, sannan a bar alƙali da zaɓi tsakanin daji da ya riga ya tafi da gidaje da mutane ke ciki. Kowace shekara da shari'a ta ƙara, rusau yana ƙara tsada da ciwo. A Kant Enclave an biya diyya, a Khori Gaon an biya da hawaye, a Ridge an biya jika 170. Dillalan da suka sayar wa leburori filin gwamnati, da jami'an da suka kau da kai, ba su ne suka kwana cikin ruwa ba.

Labarin ba baƙo ba ne ga mai karatu a Nijar, domin tushen dokokin ɗaya ne. Jami'an gandun daji na farko da Ingila ta tura Indiya, da yawansu a makarantar Nancy ta Faransa suka yi karatu, makarantar da daga baya ta horar da waɗanda suka killace dazuzzukan Afirka ta Yamma ƙarƙashin dokar 4 ga Yuli 1935. Daga can aka gaji «forêts classées» irin na Takeita a jahar Damagaram, tsarin da dokar 8 ga Yuni 2004 ta sabunta. Shingen itatuwan da aka fara dasawa kewaye da Yamai a 1965, wato «ceinture verte», yawancinsa dogon yaro ne, itacen da asalinsa daga yankin Indiya ya zo. Shi ma birni ya matse shi, an yanka filaye a cikinsa, bukkokin talakawa da gine-ginen masu hali suna zaune gefe da gefe a inda doka ta ce inuwa ce ta kowa.

Darasin Indiya ga irin waɗannan wurare a fili yake. Iyakar daji tana buƙatar a auna ta, a kafa mata duwatsu, a buga taswirarta inda mai sayen fili zai gani kafin ya miƙa kuɗinsa. Alhakin farko yana kan wanda ya sa hannu a takardar izini da wanda ya karɓi kuɗin fili, tun kafin a zo kan wanda ya aza tubali. Idan kuma rusau ya zama dole, a fara da katangar da ta fi tsawo, domin jama'a suna auna gaskiyar doka ne da gidan da katafila ta fara tsayawa a ƙofarsa. Kotun da ta bari aka san umurninta yana da farashi, mai kuɗi zai sa shi cikin lissafin gini, tare da kuɗin yashi da na ƙarfe.